Ɗiban Wuta

Shekarar da na gama jami'a na dawo gidanmu a Ƙofar Dumi ina jiran aiki, ɗan maƙwabciyarmu ya shirya fim. Tare muka taso da shi. Shagon yadi gare shi a kasuwar Muda Lawal, ya kwashe rabin kayan ya sayar, ya zuba a harkar. Ya roƙi mahaifiyata, Inna, aron zaurenmu don ɗaukar wani ɓangare. Ta ba shi, har ta sa aka yi wa zauren sabon yaɓe.

Da fim ya fito, sai ya ɗora shi a wata manhaja da sai an biya ake kallo. Ba a jima ba ya bazu a gari. Masu tura finafinai a bakin kasuwa suna zuba wa mutane a memori, wasu kuma suna raba adireshin da za a latsa a sauke kyauta.

Wata rana bayan la'asar Inna ta miƙo mini wayarta. "Kai, tura mini fim ɗin yaron nan in ga zaurena."

Ni mutum ne mai tsoron ɓata wa kowa rai, balle ita. Ba na son in ƙi umarninta, ba na kuma son in ci haƙƙin abokina. Sai na fara da mai sauƙin. Na tuna mata yadda Goggo ta latsa irin wannan adireshi aka ƙwace lambarta, aka yi ta aika wa dangi saƙon ƙarya da sunanta.

"To kar ka latsa. Je ka bakin kasuwa a zuba maka."

"Inna, ina ganin dai... wataƙila kamar akwai haƙƙi a ciki."

"Haƙƙin wa? Ɗan boko ke nan! Sata ita ce ka ɗauki abu, mai shi ya nema ya rasa. Wannan ɗiban wuta ne. Tun ba a haife ka ba nake shiga gidan su yaron nan da kasko in ɗebo garwashi, murhunsu bai taɓa mutuwa ba."

Maganarta ta fi tawa tsari. Har na miƙe zan fita, sai na tsaya a bakin ƙofa.

"Inna, in za ki ɗebo wutar, katanga kike haurawa?"

"A'uzubillahi! Ta ƙofa, da sallama."

"To wannan babu wanda ya yi masa sallama. Kuma itacen da ya hura da shi, kayan shagonsa ne."

Ta dube ni sama da ƙasa. "Sallama ce ta dame ka? Ɗauko mini mayafi, mu je in yi ta."

Muka tarar da Hajiya, uwar mai fim, a kan tabarma, ta ƙura wa waya ido tana dariya. Fim ɗin ɗanta take kallo, ga tambarin wani shagon masu turawa ɓaro-ɓaro a saman hoton.

"Yauwa, zo ki ga zaurenki!"

"Shi ya ba ki?" in ji Inna.

"Ina! Shi kullum sai ya ce sai ya zauna. A gidan biki aka tura mini. Kowa na da shi, Allah ya ɗaukaka yaron nan."

Inna ta ce amin, ta kawar da kai daga wayar. Ta ce idonta ba ya gani sosai da yamma, ta shiga tambayar Hajiya ciwon ƙafarta.

Sai da muka fito lungu ta yi magana. "Wuta ta zaga gari ta dawo murhun mai ita, ana yi mata sannu da zuwa." Ta danƙa mini wayar. "Shiga masa ta ƙofa."

Na biya, muka kalla. Zauren ya gilma kamar walƙiya, ta yi ta mitar cewa yaɓen bai fito ba.

Ba zan ce abin da muka biya ya tsirar da shi ba. Har yau yana shagonsa, bai sake yin wani fim ba. Akwai abubuwa da yawa da nake kokwanto a kansu, amma ban da cewa biyan nan shi ne daidai. Washegari matan unguwa suka shigo a tura musu na Inna, tunda nata ya fi fitowa tar. Ta cusa wayar a ƙarƙashin filo.

"Ku yi haƙuri," in ji ta. "Ba wutata ba ce."