Sunan da Goggo Ta Hana a Kira

Yayata sunanta Barmani. Yau ina faɗinsa da ƙarfi, ina kuma rubuta shi, wanda bai ji daɗi ba ya sha ruwa ya kwanta. An yi shekarun da faɗin wannan suna a gaban mutane ya jawo mani mari.

Innarmu wabi ta yi. Tun da aka kawo ta Abidjan daga Nijar tana amarya, aka sauke ta a wani gidan haya na Adjamé mai ɗakuna a jere da famfo ɗaya a tsakar gida, take haihuwa ana binnewa. Wani ko suna bai kai ba, wani har ya fara zama, sai zazzaɓi ya zo ya ɗauke. Baba yana can kasuwa yana fama da buhunan albasa, ya dawo ya tarar da takalman mata a ƙofar ɗaki, ya gane tun kafin a gaya masa. Da aka haifi Yaya, tsofaffin gidan suka ce a yi wa mutuwa dabara, a kira yarinyar Ajuji ko Ayashe, a nuna kamar ba a damu da ita ba, ko mutuwar ta raina ta ta wuce. Inna ta ce ita ba za ta kira 'yarta da sunan bola ba, kuma ba ta da ƙarfin yi wa kowa wayo, roƙo kaɗai ta iya. Malam ya raɗa sunan yanka, amma Inna ta ce Barmani, kowa ya bi. Kalma biyu ce aka haɗa, bar da mani. Ya Allah, wannan dai ka bar mani ita. Duk wanda ya kira yarinyar, ko aikenta zai yi sayen gawayi, ya taya Inna addu'a bai sani ba.

Allah kuwa ya bar mata, har ya ƙara mata da ni. To ni ce sanadin abin da ya biyo baya, kuma shi ya fi ci mani rai.

Goggo yayar Baba ce, uwa ɗaya uba ɗaya. Tana da shagon atamfa a babbar kasuwar Treichville da gida a Belleville. Allah bai ba ta haihuwa ba, kuma ba zan yi mata gorin wannan ba, ba yin kanta ba ne. Abin da na riƙe ta da shi daban ne. Ta jira sai da na yi wayo, aka ga alamar ni ma na zo da zama, sannan ta zo wata ranar Lahadi da rana tsaka, ta zauna a tabarmar Baba, ta ce, "Yanzu tana da biyu. A ba ni babbar in sa ta lekol, ta yi boko a wajenmu." Baba ya ce to. Me zai ce? Ita ta goye shi.

Inna tana bakin murhu tana fifita wuta. Matar ƙani ba ta musu da yayar miji a kan ɗa, balle uwa ta nuna son 'yarta a fili, ai sai a yi ta yi da ita har Nijar. Ta ɗaure kayan Yaya a zane da hannunta. Sai da suka kai bakin ƙofa, Goggo riƙe da hannun yarinyar, sannan Inna ta ɗaga murya ta ce, "Barmani." Yaya ta juyo ta ce na'am. Inna ba ita take kallo ba, Goggo take kallo. Ta sake cewa, "Bar mani." Goggo Bahaushiya ce, a cikin Hausa aka yaye ta, wallahi ta ji sarai. Ta gyara mayafinta ta ce, "Sai mun zo da sallah." Suka fita suka hau taksi.

A Belleville, gaban gidan Goggo akwai wani maki, irin wuraren nan da ake gasa kifi ana shan giya. Yaran unguwa da na lekol faransanci suke ji, ba Hausa ba, kuma a faransanci barman shi ne mai zuba wa mashaya giya. Shi ke nan, an samu abin wasa. Yaya ta fito sayen burodi, sai ka ji daga tsallaken titi, "Barman, une bière!" Ta koma gida tana kuka. Da macen kirki ce, da ta zaunar da ita ta gaya mata abin da sunanta yake nufi, da yarinyar ta fita da kanta a sama. Goggo kuwa kunyar kanta ta ji, Hajiya guda a ce ana kiran 'yarta da sunan mashaya a gaban masu sayen atamfarta. Ta ce wa Yaya sunan ƙauye ne, na jahilai, a manta da shi. Ta ɗauki sunan yankan ta liƙa masa wani na faransa, da ɗan layi a tsakiya irin na 'ya'yan ma'aikata. Ba zan rubuta wannan sunan a nan ba. Bakina bai taɓa faɗinsa ba, hannuna ma ba zai fara ba.

Da sallah suka zo. Yaya ta yi kyau, ta yi ƙiba, takalmi da safa, Hausarta ta fara karyewa. Inna ta kira ta daga ɗaki, shiru. Ta sake kira, sai Yaya ta ce da faransanci wannan ba sunanta ba ne. Ina tsaye a wurin da ƙafar kaza a hannu. Inna ta yi murmushi ta ce, "To, ke, zo ki ci abinci." Daga ranar har ta koma ga Allah, "ke" take ce mata. Ba ta yarda ta faɗi na Goggo ba, ba ta kuma sake faɗin nata ba don kada a sake ƙin amsa mata. Ina budurwa ta rasu. Ranar da aka fita da ita na dubi Goggo tana share hawaye da bakin mayafi mai tsada, na ce a raina, ke da ni, sai dai in ƙasa ta rufe ɗayanmu.

Da farko hauka na yi, irin na mai zafin kai. Nakan hau woro-woro, taksin haɗaka, in ƙetare gada takanas, in shiga kasuwar Treichville, in tsaya tun daga farkon layin masu atamfa in ƙwala, "Barmani! Ke Barmani!" Matan layin su yi ta dariya, Yaya ta shige bayan tulin atamfa kamar ƙasa ta tsage. A nan na sha marin Goggo, na koma gida Baba ya ƙara mani. Abin da ya fi marin zafi, Yaya ta daina yi mani magana, tana ganin tozarta ta nake zuwa yi. Na gane ihu ba zai kai ni ko'ina ba. Na koma ina gaida Goggo har ƙasa, ina kai mata fura da azumi, har tana cewa yarinyar nan ta yi hankali. Hankali kuwa na yi.

Yaya ta yi aure a can Treichville, mijinta mutumin kirki, yana aiki wajen masu fitar da kaya a tashar jirgin ruwa. Sai abin Inna ya biyo ta. Ta haihu, aka binne. Ta sake, aka binne. Wannan kam ban roƙa ba, Allah shi ne shaida, da za a ce in zaɓa da na haƙura da ramuwar gaba ɗaya a bar mata 'ya'yanta. Na tare a wurinta ina yi mata wanka da girki, a nan muka shirya. Wata rana da hantsi muna zaune ina tsince shinkafa, ta ce da ni, rabi Hausa rabi faransanci, ita har yau ba ta gane abin da ya sa Inna, mace mai sallah, ta sa mata sunan gidan giya ba.

Na ajiye faranti. Na ce, "Yaya, in na ɗauki zanenki, me za ki ce mani?"

Ta ce, "In ce bar mani kayana."

Na ce, "Sake faɗi, ki tsaya a kalma ta biyu."

Ta faɗa. Ta sake faɗa a hankali. Mace da aurenta, kullum tana faɗin kalmomin nan biyu a kasuwa, ba ta taɓa jin sunanta a cikinsu ba. Na gaya mata yaran da aka binne kafin ita, na gaya mata wanda Inna take roƙo. Ta kifa kai a cinyata ta yi kukan da ko ranar binne 'ya'yanta ba ta yi ba, tana cewa, "Na ce mata ba sunana ba ne." Na taya ta kuka. Amma ba zan yi ƙarya ba, ina shafa bayanta ina jin wani sanyi a ƙirjina, don na san yanzu mu biyu ne.

Da ta sake haihuwa, mace, lafiyayya mai ƙarar kuka, Goggo ta aika wa mijin cewa tana son takwara. Haƙƙinta ne a al'ada, ita ta riƙi uwar. Dangi suka zuba mani ido suna jiran in tayar da ƙura. Ni na fara rangaɗa guɗa. Na ce ai ko ba ta nema ba ya kamata a yi mata. Goggo har da ba ni turmin atamfa.

Abin da ta manta, ko ta ɗauka na manta, shi ne yaron da aka sa wa sunan babba ba a kiransa da sunan. Wa zai tsaya gaban Goggo ya ce wance zo nan, wance kin yi fitsari? Dole a nemi laƙabi, kuma mata ne suke sa shi ranar suna. Kafin ranar na zaga Adjamé ɗaki ɗaki, wajen tsofaffin da suka wanke 'ya'yan Inna suka kuma ga fitarsu. Ban roƙe su komai ba. Na dai tuna masu, na bar su da abin.

Ranar suna gida ya cika. An yanka rago, maza sun watse, mata sun baje a tsakar gida, Goggo a kan kujera ta sha gwal tana karɓar barka. Wata ta ce, "To me za mu riƙa ce mata? Hajiya ƙarama?" Sai babbar ƙawar Inna, tsohuwar da ta girmi Goggo ma, ta miƙa hannu aka ba ta jaririyar. Ta dube ta ta ce, "Wannan ai 'yar wabi ce, sunanta a fili yake. Barmani." Tsofaffin Adjamé suka ɗauka baki ɗaya, Allah ya bar mana ita, Allah ya raya Barmani. Na sake guɗa har maƙogwarona ya yi zafi.

Fuskar Goggo ta yi kamar an watsa mata ruwan wanke-wanke. Ta ce, "Haba, a garin nan? Za a yi mata dariya a lekol." Yaya tana daga ƙofar ɗaki, ta ce da Hausa tsantsa, "A bar shi, Goggo. Ni zan gaya mata ma'anarsa." Goggo ta juyo ta neme ni da ido cikin taro. Na durƙusa na ce, "Goggo, a kawo maki lemo?" Rama cuta ga macuci ibada ne, in ji masu magana, ni kuwa ranar na yi ibada har na ƙoshi. Sunanta yana jikin yarinyar, amma saboda girmanta babu mai furta shi, wanda ta hana shi ake kira safe da yamma a gabanta.

Ita dai ta ƙi. "Takwara" take cewa, ko "'yar nan". Yarinyar ta yi ƙafa, ta zama ƙiriniya, Yaya tana zuwa da ita shago tunda Goggo ta tsufa, ƙafa ta ƙi, sai zama a kujera. Wata rana na je kai masu saƙo, ina tsaye a bakin shagon, Yaya ta ba mu baya tana ninke atamfa. Yarinyar ta sulale ta nufi tsakiyar layi, ga mai turin kaya ya taho da gudu, an lafta masa dila har ba ya ganin gabansa. Goggo ce kaɗai ta gani. Ta ce, "Takwara! Takwara!" Yarinya ko a jikinta, ba ta san wata takwara ba. Goggo ta yunƙura, ƙafa ta ƙi ɗaukarta. Sai ta buɗe baki da duk ƙarfin da ya rage mata, a layin nan da ta mare ni, ta ƙwala, "Barmani!"

Yarinyar ta tsaya cak, kaya suka wuce ta gabanta. Yaya kuma, da atamfa a hannu, ta juyo ta ce, "Na'am."

Goggo ta koma cikin kujerarta tana haki, ta dubi uwar, ta dubi 'yar, ta rufe fuska da mayafi. Na ɗauko yarinyar na ɗora mata a cinya, na ce, "Sannu Goggo, Allah ya saka da alheri."

Na fito na hau woro-woro ina dariya ni kaɗai, har direba yana leƙena ta madubi. Muna kan gada dariyar ta ƙare. Wannan na'am ɗin ta Inna ce, ita ta yi shekaru tana jiranta, sai ga shi Goggo aka amsa wa. Ban yafe ba, kuma kada wanda ya zo mani da wa'azi a kan haka.