Ciwon Bara

Mahaifiyata ce ta raɗa wa ciwon suna, kuma a kan yayanta ta raɗa shi. Ta ce kawu ya kamu da ciwon bara. Asibiti ba su san shi ba, masu maganin gargajiya ma haka, amma duk wanda ya wuni da kawu zai yarda akwai shi.

Bayan rabon gado abin ya fara. Gonar kakanmu da ke wajen Ungogo ta faɗa hannun magada da yawa, birni kuma ya riga ya iso bakinta, sai aka yanka ta fuloti-fuloti aka sayar. Kawu bai yi faɗa da kowa ba. Kawai dai aka wayi gari komai a bakinsa ya zama bara. Bara ya ɗaure dami har rumbu ya ƙi ɗauka. Bara ƙanensa ya faɗo daga kan ɗorawa, alhali ƙanen ya yi furfura ya rasu, ɗorawar ma an daɗe da faskara ta. In ban da wannan, kawu garau yake. Yana salla a kan lokaci, ya san jikokinsa ɗaya bayan ɗaya, kuma babu ɗan adaidaita sahun da ya isa ya cuce shi.

Abin da ke ba ni haushi shi ne yadda ciwon yake zuba wa komai sukari. Shekarar farin da mahaifiyata ba ta tunawa sai da hawaye, a wajensa shekarar daɗi ce. In ta ce, "Yaya, rogo fa muka yi ta ci," sai ya ce rogon lokacin ya fi tuwon yanzu. Ana ɗaukar ciwon kuma. Ni kaina na taɓa tashi daga tabarmarsa ina kewar wata rijiya da aka cike tun ba a haife ni ba.

A madafar gidansa akwai zangarniyar dawa kaura a rataye, hayaƙi ya rine ta. Irin da ya gada ne daga mahaifinsa, kuma shi kaɗai ya rage masa daga gonar. Ba ya bari a taɓa. Ko yaushe ya wuce sai ya ɗaga kai ya ce, "Na bara ne, yana jiran ƙasa."

Ƙasar kuwa sai ta samu. Wani bawan Allah da ya sayi fuloti a tsohuwar gonar ya ɗora bulo zuwa gwiwa, ƙarfinsa ya ƙare, ya ce kawu ya noma cikin kangon kafin ya farfaɗo. Ranar kawu ya fito da sungumi yana goge shi. Kowane ɗan manomi ya san iri ba ya shekara da shekaru a rataye ya ci gaba da rai. In kawu ya shuka bai tsiro ba, ban san abin da zai rage masa ba.

Na je na sami matarsa, wadda muke kira Inna, tana tankaɗe. Na ce, "Inna, irin nan ya mutu. Mu sayo wani a kasuwa mu musanya."

Ta dube ni ta ce, "Kawun naka ne ba zai gane kaurar babansa ba? Zauna."

A nan ta gaya mini. Duk farkon damina, in ta ce za ta je gaishe da ƙanenta wajen Shanono, tana tafiya da ƙwayar irin ƙulle a bakin zane. Ƙanen ya ware mata kunya biyu a gefen gonarsa. Da kaka ta koma ta zaɓo zangarniya masu kyau, ta ɓoye su a hayaƙi har su yi duhu, sannan ta kwance tsofaffin ta ɗaure sababbin da igiyar da kawu ya sani. Tun shekarar da aka sayar da gonar ba ta taɓa fashi ba, har lokacin da gwiwa ta fara damunta.

Na ce, "Me ya hana ki gaya masa?"

Ta ce, "In na ce irin ya tsufa, zai tambaye ni shekara nawa. In na faɗa, sai ya zauna ƙirga waɗanda suka tafi. Ban ga amfanin hakan ba."

Ban taɓa jin girman wani mutum ya cika mini ƙirji kamar na matar nan a ranar ba. Mu muna ta yi wa ciwon dariya, ita tana jinyarsa shiru.

Ruwa ya sauka, kawu ya sara, Inna na biye da shi tana zuba iri tana rufewa da diddige. Kafin mako ya zagayo kangon ya yi kore daga bulo zuwa bulo. Mun je dubawa da hantsi mu uku. Kawu ya tsuguna, ya daɗe yana murza ganye ɗaya tsakanin yatsunsa. Ina jira in ji ya ce ai ya gaya mana na bara ne.

Bai ɗago kai ba ya ce, "Ƙasar Shanono ba ta ɓata shi ba. Sannu da hanya."

Inna ta ja mayafi ta rufe bakinta. Can ta ce masa rana ta fara zafi, ya tashi mu tafi gida.