Kabeji Mai Tsami a Bekaji

Agogonsa na fara gani. Hamma, babban yayana, ya ɗaga hannu zai sauke akwati daga keke Napep a ƙofar gidanmu da ke Bekaji, sai agogon ya zame har kusa da gwiwar hannunsa. Dawowarsa ke nan daga Poland, inda ya yi karatun likitan dabbobi.

Muka ce wahalar karatu ce, zai murmure. Damina ta ɗauke, kaka ta shigo, Hamma sai ƙara ramewa yake. Kullum zan kai masa kwano ɗakinsa, in ajiye, in ja ƙofa, kamar yadda ake yi wa kowane babban namiji a gidanmu. Kullum kwanon zai dawo an ɗan taɓa gefensa kawai. Asibiti sun ce ba su ga komai ba.

Dada, mahaifiyarmu, ba ta iya tambayarsa. Ɗan fari ne, ko sunansa ba ta kamawa, balle ta zauna kusa da shi. Sai dai ta buɗe kwanon ta duba, ta ce da ni, "Wancan ɗin bai ci ba?"

Ni kuwa na riga na gano cutar. A lokacin ƙarƙashin katifata cike yake da littattafan soyayya na kasuwar Jimeta, kuma a cikinsu abu ɗaya ne ke hana saurayi cin abinci. Har na ƙera budurwar a raina: doguwa, mai gashi kamar zaren masara, tana kuka a tashar jirgi.

Na tare shi wata rana da la'asar. "Hamma, wa ke dafa maka abinci a can?"

"Matar da nake haya a gidanta."

Daɗi ya kama ni. Ya ce tana wata miya ta kabejin da aka bari ya yi tsami, da nama iri-iri. Saboda shi ta daina sa alade. Wani ɗan Koriya da suke haya tare ya ce miyar ba ta da rai, ya juye mata nasa kabejin mai barkono da citta da tafarnuwa. Tsohuwar ta yi faɗa, sannan ta ƙara faranti.

"Tsohuwa?"

"Ta girmi Goggo. Auta, wane littafin kike karantawa yanzu?"

Na ji haushi, amma na riƙe zancen miyar a raina. Na yanka kabeji, na murza shi da gishiri da barkono, na danna a robar fenti, na rufe. Hamma ya ce a can sai ya yi makonni. Bai tuna da zafin Yola ba. Kafin a je ko'ina murfin ya kumbura, tsakar gida ta ɗauki wari. Goggo, ƙanwar babanmu, ta riƙe hanci.

"Yarinya, in kashe shi za ki yi, ki bari a kai shi Girei, maƙabartarmu tana can."

Na soya naman sa da albasa, na zuba kabejin, na sa kilishi don ƙamshin hayaƙi, da dabino kaɗan a madadin wani busasshen ɗan itace da ya kasa gaya mini sunansa da Hausa. Tukunyar ta yini tana ɓararraka.

Da na kai masa ban ja ƙofa ba. Tsoro nake kada ta yi masa illa, sai na zauna na fara ɗanɗanawa a gabansa. Ya kai cokali ɗaya.

"Ba ita ba ce."

Idona ya ciko.

"Ko kusa. Kilishin nan waye ya ba ki shawara?" Ya sake kai cokali. Ya shiga ba ni labarin teburin tsohuwar, yadda su ukun suke zama kowace yamma, ba mai jin yaren wani sosai, amma ba mai tashi sai tukunya ta ƙare. Yana magana yana ci, ina ci ina tari. Da na duba, ƙasan kwanon ya fito.

Sai a lokacin na gane. Shekarun da ya yi a can sun mantar da shi cin abinci shi kaɗai, mu kuma muna rufe masa ƙofa don girmamawa.

Na fito da kwanon na miƙa wa Dada. Ta buɗe, ta daɗe tana kallon cikinsa. Ta zauna a kan turmi kamar wadda ta sauke kaya.

"Gobe ki ɗauki naki kwanon ki kai can," ta ce. "Amma robar nan a fitar mini da ita."

Washegari tuwo da miyar kuka na kai, ya cinye.

Yanzu Hamma yana Damare yana duba shanun mutane. Ya yi tumbi har matarsa na ƙorafi. A ƙofar gida yake shimfiɗa tabarma, kuma makiyaya sun san in ka bi ta nan da azahar sai ka wanke hannu.