Muciyar Kakata a Talabijin

Aikina rubuta wasannin barkwanci na talabijin a Gusau, irin waɗanda ake guje-guje, a tsallake katanga a faɗa cikin kwandon tumatir. Mutane kan tambaye ni inda nake samo abin dariya. Ba nisa, Rawayya nake zuwa in zauna kusa da kakata in buɗe kunne.

Tsohuwar nan 'yar firit ce, amma in ta ɗaga muciya har bunsurun maƙwabta ya san hanyar gidansu. Tun ina yaro "maigida" take ce mini, irin wasan kaka da jika. Ta zage ni tas wai na cika rowa, sannan ta turo mini ƙwaryar fura.

Wata shekara na rubuta shiri a kan wata tsohuwa mai bin ɓarawon kaji da muciya, shi a babur, ita a ƙasa. Komai na kakata na kwashe, ɗaurin ɗankwalin, tsakin, har yadda take gyara zane kafin ta fara masifa. Muka ɗauki shirin a bayan kasuwar Mada. Sai da aka sa ranar nunawa tsoro ya kama ni. Tsokanar kaka a tsakar gida daban, a idon duk Zamfara daban. Ita kuwa in ta yi fushi shiru take yi, ta taɓa share ƙanenta damina guda. Ban ga yadda zan jure shirunta ba.

Ranar na tafi Rawayya da kaina, muka kafa talabijin ɗin kawuna a tsakar gida bayan la'asar. Yara na birgima, matan gida na dariya suna satar kallonta. Ita ko murmushi babu. Da tsohuwar wasan ta jefi ɓarawo da muciya ta kuskure ta fasa tulu, sai kakata ta buga tsaki.

"Kashe abin ga," in ji ta.

Na kashe.

"Maigida, wagga ni ta?"

"Ke ta, Kaka."

"To ka yi man ƙarya. Ni tun da nike ban taɓa jifa na kuskure ba."

Na miƙe zan ba da haƙuri, sai ji na yi tim, muciya a gadon bayana. Ashe tana gefenta. Gida ya ɗauki shewa, ita kuma ta yi ta dariya har da hawaye. Ban taɓa jin daɗin duka irin na ranar ba.

"Ka gani?" ta ce, tana share ido da gefen zane. "Maza kunna, mu ga ko na kama ɗan nema."