Walimar da aka yi wa Dakta

Da ƙyar na yarda in ba da wannan labari, don ba abin dariya a ciki, ni kuwa da dariya aka san ni.

Shekara biyu na yi ina tuƙa wani Bajamushe a Jidda, tsoho dogo, masanin tattalin arziki. Wani kamfani ne ya ɗauko shi ba da shawara, ni kuma aka ɗauke ni dominsa kaɗai. Iƙamata, wato takardar izinin zamana a ƙasar, a jikin kwantiraginsa take rataye: in ya tafi, halas, tawa ta ƙare.

A mota ya ba ni tarihinsa, da guntun Larabcinsa da guntun Turancina. Ya koyar a jami'a, ya shiga ma'aikatar kuɗi ta ƙasarsu, ya rubuta cewa manufar gwamnati kuskure ce, aka sallame shi. Ya koma wani banki, ya sake faɗa, aka sake sallamarsa.

Na ce, "Dakta, na zauna Njamena, na zauna Khartum, ban taɓa ganin mai sana'ar neman kora ba sai kai."

Ya ce, "Alhaji, likita zai ga ƙari ya ce maruru ne?"

"In majinyacin ne ke ciyar da direbansa, me zai hana?"

Ya yi dariya har da tari. Ni ba wasa nake ba.

Ranar da zai gabatar da rahotonsa ya gaya mini abin da ke ciki: babban aikin da masu kamfanin suka ƙwallafa wa rai ba zai tsaya da ƙafarsa ba. Na dube shi ta madubi, na ce yalla, muka tafi.

Bayan mako guda aka shirya masa walima. Rago guda a kan shinkafa, gahawa, turaren wuta, aka miƙa masa allon yabo a akwatin karammiski. Ya fito yana murna kamar ango.

"Ka gani? Karon farko a rayuwata an saurare ni."

Duk wanda ya daɗe a garin nan ya san ba a yanka wa mutum rago don ya zauna. Tun da safe aka ce in wanke mota in mai da makulli ranar Alhamis. Ban gaya masa ba. Na kai shi gida, na ɗaukar masa akwatin har ƙofa.

Alhamis, sallama ta tabbata, na kai shi filin jirgi. Ya riƙe hannuna, ya ce bai yi tunanina ba. Na ce ba komai, Allah ya kiyaye hanya. Na mai da makulli, na hau motar haya zuwa unguwarmu, Bani Malik. Ban ji fushi ba, ban ji komai ba. Na sayi tamis da ful, gurasa da waken da muka saba ci, na shiga gida, na faɗa wa iyali yadda aka yi da Dakta, na ce wata biyu suka rage mana a ƙasar.

Uwargida ta ci gaba da ninke kaya. Babbar 'yata, wadda a nan aka haife ta, ba ta taɓa ganin Kano ba, ta daɗe tana kallona.

"Ɗayyib, mun ji, Baba," ta ce, "abin da ya faɗa musu, gaskiya ne?"