Dutsen da Ke Aman Wuta a Italiya

Yau ina hura murhu hayaƙi ya shiga idona, sai na tuna yayata. Ɗanta yana tsinkar lemo a Italiya, a gindin wani dutse mai aman wuta, wai shi Etna. Duk sanda ta hura wuta a gidanmu na Kpakungu sai ta ce, "Allah Ka kashe wutar can."

Wata rana na ce, "Yaya, yaron da ko waya ba ya yi miki?"

Ta goge ido da bakin zane. "Hayaƙi ne, ke dai."

Dutsen bai taɓa yaron ba har yau, amma shi ko gaisuwar rasuwarta bai zo ba.

Allah Ya sanyaya makwancinki, Yaya. Shi kuwa addu'arki ta ishe shi, ba zan ƙara masa tawa ba.