Saura Kaɗan Salud Ta Waiwayo

Kawuna Tiyo Pulong ya yi shekara goma sha biyu yana murza hannun kyamara a Manila, tun fim bai iya magana ba. Fim tara ya ɗauka. A ɗaya kawai matarsa Salud ta fito: tana wanki a bakin kogin Pasig, a kira ta, ta waiwayo tana dariya. Tarin fuka ya kashe ta kafin yaƙi. Yaƙi kuma ya ƙone ma'ajiyar kamfanin fim ɗin da yake wa aiki ƙurmus, ya haɗa da gidan Tiyo da hotunan bikinsu. Sai ya koma gyaran laima. Ya taɓa gaya mini fuskarta ta fara ɓace masa, kuma abin na ba shi tsoro.

Wata Disamba na raka shi kasuwar Divisoria. Maƙwabciyarmu Aling Petra na sayar da torotot, ƙahon da ake busawa ranar sabuwar shekara, wanda ake naɗawa da tsohon zaren fim. Tiyo ya ɗaga ɗaya ya haska a rana. Ya ƙura wa ƙananan hotunan da ke jikin zaren ido.

"Petra, ina kika samo wannan?"

"Wani gidan sinima a Bulacan ya sayar mana a kilo. Haba Mang Pulong, busawa za ka yi? Da wane haƙorin za ka riƙe?"

"Nawa suka rage?"

"Kwandon nan kaɗai. Sauran sun shiga gari tun jiya."

Ya kwashe kwandon. Kwana uku muna warwarewa a tsakar gida: dawaki, wani fada, ruwan sama, sai kogin. Hoto goma sha ɗaya muka samu a jere. Ƙeyar Salud ce, da gefen kuncinta, ta fara juyowa. Daidai nan almakashi ya bi.

Ranar sabuwar shekara gari ya cika da bushe-bushe, shi kuwa yana bin mutane lungu-lungu yana roƙon su ba shi ƙahonsu ya duba. Aka yi ta masa dariya. Ni ma kunya ta sa na ja da baya, kuma har yau abin na cin raina. Shekara shida yana haka, bai ƙara ko hoto ɗaya ba.

Da ciwon ajali ya kwantar da shi, ya sa na riƙe masa guntun zaren a jikin taga. Ya daɗe yana kallo.

"Da hannuna na ɗauka, Luming," ya ce mini. "Saura hoto biyar ta waiwayo."